Shekarar da Muka Yi wa Tarakta Dastur

Shekarar da mutane suka yi zaman dirshan a Khartoum har mulkin da ya daɗe ya sauka, a shekarar ne mu ma a unguwarmu ta Gadarif muka yi wa taraktarmu dastur, wato tsarin mulki. A ranin nan ba ka jin komai a rediyo sai maganar majalisa da gwamnati, wa zai riƙe linzamin wa, wa zai tambayi wa. Zancen ya shiga kasuwa, ya shiga gidan biki. Har matar da ke sayar mana da shayi a bakin masallaci, in ka ce ta ƙara maka sukari, sai ta ce ka jira majalisa ta zauna.

Muna da jam'iyyar manoma a unguwar. Yawancinmu jikokin mahajjata ne waɗanda baƙar ƙasar nan ta riƙe wa ƙafa a hanyar Makka, suka ce bari su yi damina ɗaya, ga mu har yau. Ba mu da manyan gonaki irin na masu mashru'i, attajiran nan masu noman injina, kowa da ɗan abinsa a warwatse a kan hanyar Simsim, wasu kaɗan ta wajen Hawata. Abin da ya haɗa mu shi ne tarakta guda ɗaya da muka saya tare tun da daɗewa, da diskinta wanda ke yin huɗa da shuka a tafiya ɗaya. In tarakta ta zo maka a kan kari, ka ci shekara. In ta makara, sai ka yi ta istigfari.

Mutum biyu ne suka ɗauki labarin nan. Na farko shugaban jam'iyyar, wanda muke kira Shugaba kawai, har matarsa ma haka take kiransa in tana fushi. Dogo ne, mai ƙaramar murya, ya fi shekara goma yana riƙe da mabuɗin tarakta. Tsarinsa shi ne bin ruwa. Inda ya ji an yi ruwa, can zai tura ta, ba ya tambayar kowa. In an yi ƙorafi sai ya ce, "Ai na buga wa kowa waya, kowa ya yarda." Ni dai ban tuna ranar da wayata ta yi ƙara a kan haka ba. Ba azzalumi ba ne, Allah shaida, amma sau da yawa ruwan nan yakan fara sauka a gonakin surukansa, abin har ya zama abin mamaki.

Na biyu taubashinsa ne, ɗan gwaggonsa, tsohon malamin makaranta da muke kira Ustaz. Gajere ne mai faɗin murya, kamar Allah ya raba musu tsawo da murya don kada ɗaya ya kwashe duka. Kuɗin fanshonsa ko sukarin wata ba ya saya masa, don haka a shekarar ya ƙudurta zai zuba gonarsa duka riɗi, ba dawa ko kaɗan. Riɗi yana da kuɗi, amma ba ya son wasa da lokaci, a shuka ko a yanka. Abincin gidan Ustaz na shekara a kan wannan riɗin yake.

Azumi ya kama mu cikin zafin nan. Kamar yadda muka saba, kowane gida ya fito da tirensa kan titi, aka shimfiɗa tabarmi. Wata rana mun sha ruwa, mun yi magariba, ana zuba jabana, gahawar nan tamu, sai Ustaz ya yi gyaran murya.

"Jama'a, ƙasa duka ta farka. Mu ne kaɗai har yanzu mutum ɗaya ke yanka mana ya kuma ɗinka."

Shugaba bai ɗago daga finjalinsa ba. Ya ce, "Bawana, ka ƙoshi ke nan. Da rana ba ka da wannan muryar."

"Ɗan kawu, ba da kai nake ba, da kujerar nake. Kujera in ba a tambayarta, ko waliyyi aka ɗora a kai sai ta lalata shi."

"To ni da ba waliyyi ba, sai ku yi hanzari."

Aka yi dariya, amma maganar ta zauna a zukata, don kowa yana da ɗan abin da ya haɗiye. Kafin goman ƙarshe mun yarda za a rubuta dastur. Ustaz ya so a yi shi da Larabci irin na ofis. Dattawa suka ce a'a, a yi shi da Hausa da ajami, yadda in an karanta kunne zai ji abin da hannu ya ɗaga wa. Da yake ni ne na zauna gaban allo fiye da sauran, aka ba ni aikin. Na dama tawada, na fere alƙalami, na fara da sunan Allah, Ustaz yana faɗa ina rubutawa.

Abin da muka rubuta ba shi da yawa. Jam'iyya duka ita ce majalisa, Shugaba mai aiwatarwa ne. Za a jera gonaki da ƙuri'a kafin damina, tarakta ta bi jerin nan daga farko zuwa ƙarshe. Ba mai canja jerin sai majalisa, ko da masu gonakin biyu sun yarda su yi musanya, don Ustaz ya ce mai ƙaramin ƙarfi in babba ya roƙe shi ba ya iya cewa a'a. Majalisa kuwa ba ta zaunu ba sai fiye da rabin mutane sun hallara da jikinsu, a ga hannun kowa a sama. Waya ba ta cikin lissafi. Da muka zo wannan wurin Ustaz ya sa na ja layi a ƙarƙashi, yana kallon taubashinsa.

Shugaba ya saurara har ƙarshe, ya ɗaga hannu tare da kowa. Ya ce mini, "Malam, ka rubuta da kyau, kada tawada ta dushe. Ni zan bi shi harafi da harafi."

Duk cikinmu manoman da gashinmu ya yi fari a gona, ba wanda ya tuna cewa a rani muke wannan magana, lokacin da in ka yi tari a bakin masallaci mutum talatin za su ce maka sannu. Da damina kuwa kowa yana bukkarsa a gona, tsakaninka da maƙwabcinka laka ce mai cire takalmi.

Aka jefa ƙuri'a bayan sallah. Ni na fito na farko, Ustaz ya fito can kusa da ƙarshe. Ya ce ba komai, adalci ke nan. Muka watse, kowa ya ɗauki garinsa da busasshiyar kuɓewarsa ya tafi gona. Shugaba da direba suka kawo tarakta suka ajiye ta a bakin bukkata, suka kafa rumfa, muka zauna jiran ruwa.

Ruwa na Allah ne, bai karanta abin da na rubuta ba. Hadari ya haɗu, ya wuce ta kanmu ko ɗigo bai ba mu ba, ya je ya juye a kudu, wajen gonar Ustaz. Gonata tana nan a tsattsage, ka iya zura hannu a cikin tsagar har gwiwar hannu. Bayan kwana biyu sai ga Ustaz a kan jakin aro, laka har gwiwa, fuskarsa cike da murna.

"Salamu alaikum! Alhamdu lillahi, ƙasa ta sha ta ƙoshi, yanzu ta tsane daidai shiga. Ɗan kawu, a tayar da ita mu tafi."

Shugaba yana kishingiɗe a kan angarib, gadon igiyar nan, yana jan carbi. Ya amsa sallama da kyau, ya sa aka ba shi ruwa, sannan ya ce, "A tayar da wa?"

"Tarakta mana. Ga ta nan tana zaune ba aikin komai."

"Layin Malam ne."

Na ce, "Ni na yafe. Gonata ko fartanya ba ta shiga. Ku je ku dawo."

"Malam, da hannunka ka rubuta ba a musanya. Ko tawadar ta dushe ne?"

Ustaz ya matso kusa da shi. Ya ce, "Wannan ai larura ce."

"Tamam. Kira majalisa ta ce larura ce. Ni mai aiwatarwa ne, bawana. Ka ga hannuna, a ɗaure."

Ya ɗaga hannayen nan biyu da carbi a tsakaninsu. Direba ya juya baya yana ta goge abin da ba ya buƙatar gogewa.

Ustaz bai yi gardama ba, kuma wannan na riƙe masa a matsayin mutunci. Ya hau kan tudun da ake samun waya, ya yi ta kiran mutane. Wanda ya samu sai ya ce masa, "Ya Ustaz, na yarda ɗari bisa ɗari, ku tafi kawai." Shi kuma sai ya ce, "Yardar waya ba ta aiki, sai ka zo." Sai a ce masa, "In bar gonata hadari yana kaina? Wa ya kawo wannan doka?" Sai ya kashe wayar ya kira na gaba.

Haka muka yi kwanaki. Ustaz ya tafi ya duba gonarsa, ya dawo ya ce saman ƙasa ya fara bushewa, ciyawa ta fara kai. Mutum uku suka zo don kunya, suka sha shayi, suka ga ba a cika ba, suka koma. Da farko abin dariya ne, har ni ina yi. Amma na lura Ustaz ya daina cin abinci sosai, in an zuba asida, tuwon dawarmu, sai ya taɓa ya janye hannu. Shi da ke cika rumfa da murya ya koma sai kallon kudu.

Wata safiya bayan mun idar da asuba, Ustaz ya tafi ɗebo ruwa a hafir, tafkin da aka haƙa don tara ruwa, na zauna kusa da Shugaba.

Na ce, "Alhaji, darasi ya shiga. Abin da ya rage yanzu ba darasi ba ne, abincin 'ya'yan gwaggonka ne."

Ya ajiye carbinsa. Ya ce, "Malam, a gaban jama'a ya ce kujera ta lalata ni."

"Ya faɗa. Kai kuma kana nan kana nuna masa cewa gaskiya ya faɗa."

Ya dube ni kamar zai yi fushi, sai kuma dariya ta ƙwace masa, ƙaramar dariyar nan tasa. Ya ce, "Kawo takardar." Na ɗauko ta daga gafaka na karanta masa tun daga bisimilla. Da na gama ya ce, "Na ji an hana ta huɗa. Ban ji an hana ta ɗaukar mutane ba." Ya kira direba ya ce a ɗaura tirela a baya, a ɗora diski.

Ustaz ya dawo da jarka a kafaɗa ya tarar inji yana ruri. Ya ce, "Ina za a?"

"Majalisa ta ƙi zuwa wurin gwamnati, gwamnati za ta je ta ɗauko ta. Hau, kafin in canja ra'ayi."

Ban taɓa yin tafiya mai daɗi irin wannan ba. Muna tsayawa a bakin kowace gona, Shugaba ya miƙe a kan tarakta ya yi kira da 'yar muryarsa, ba a ji, sai Ustaz ya karɓa da tasa har tsuntsaye su tashi. Mutum ya fito daga bukka yana ɗaura wando, a ce masa zama ne na gaggawa, za a dawo da shi kafin la'asar. Wani ya hau da butarsa, wani da tukunyar da bai gama ci ba. Wani dattijo ya ce shi ba zai hau ba sai an ɗauki akuyarsa, don ba mai kula da ita. Aka ɗauke ta. Wani ya tambaya ko za a ƙirga ta a cikin mahalarta, Ustaz ya ce dastur ya ce hannu, ba ƙafa ba.

Tirela tana tsalle, muna riƙe da juna, ana ta zolayar Ustaz. Shi kuwa ba ya ji, ƙirga kawuna kawai yake yi. Sai da muka hango bukkarsa sannan muka ɗauki mutumin da ya cika adadin, maƙwabcinsa na gona. Nan take Ustaz ya buga gefen tirela ya ce a tsaya. Na miƙe na buɗe zama da salati. Aka kawo magana ɗaya, a ba Ustaz layin farko. Hannaye suka tashi gaba ɗaya.

Hannayen ba su sauka ba ɗigon farko ya faɗo a kan takardar da ke hannuna.

Ruwan da aka yi ranar nan, na manya ne. Muka ruga bukkar Ustaz da rumfarsa muka cunkushe. Da ya ɗauke, ƙasa ta zama kamar kunu, tarakta ba ta iya shiga gona, ba ta iya komawa. Wanda aka yi wa alkawarin la'asar ya ga la'asar ta kwanaki da yawa a wurin. Majalisa duka ta zama baƙin Ustaz. Muka cinye garinsa, muka shanye sukarinsa, akuya ta ci gefen rumfarsa. Kullum da safe Shugaba sai ya ce, "Bawana, majalisa tana tambaya ko akwai shayi."

Tun da ga mu a cike kuma ba inda za mu, sai muka gyara dastur. A nan aka yi muhawara ta gaske, wadda ta fi ta azumi, don yanzu kowa ya ɗanɗana. Wasu suka ce a yaga takardar a koma yadda ake. Abin mamaki, Shugaba ne ya ce a'a. Ya ce shi kansa ya ga abin da zuciyarsa ta yi da ta sami dama, gara a bar masa mai tambayarsa. Ustaz kuma ya ce ya yarda ruwa ba ya jiran taro. Aka tsaya a kan cewa da damina Shugaba ya bi ruwa kamar da, ba sai ya tambayi kowa ba. Amma bayan girbi zai zauna a gaban majalisa ya faɗi inda tarakta ta je gona bayan gona da dalilinsa, in bayanin bai gamsar ba majalisa ta karɓi mabuɗi ta ba wani. Na rubuta wannan a bayan takardar, inda ruwa bai taɓa ba.

Da ƙasa ta tsane aka shuka wa Ustaz riɗinsa, sannan tarakta ta bi sauranmu. Mu masu dawa ba mu yi asara ba, dawa tana da haƙuri. Riɗin Ustaz ya fito, ya yi kyau ma, amma ya makara. Duk wanda ya wuce sai ya yaba, sannan ya girgiza kai, don kowa ya san abin da ke gaba.

Riɗi in ya yi rawaya sai a yanke shi nan da nan a ɗaure a jingine. In ka bar shi, kwanson ya buɗe, ƙwayar ta zube a tsagar ƙasa, sai dai tururuwa ta gode maka. Riɗin kowa ya nuna a lokacinsa, ma'aikatan da ke zuwa daga Habasha suka yanke na manyan gonaki, suka karɓi haƙƙinsu suka wuce. Sai bayan an watse na Ustaz ya yi rawaya. Ya nemi ma'aikata har cikin gari bai samu ba, wanda ya samu kuma kuɗin da ya faɗa ya fi ƙarfinsa.

Na ɗauki laujena na tafi, don dawata ba ta isa yanka ba tukuna. Na same shi shi kaɗai a tsakiyar gona, ya ɗaure ƙugu da rawani saboda ciwon baya. Muka yi yini guda, muka waiwaya, abin da muka yanka bai kai shimfiɗar tabarmar masallaci ba. A gindin wasu karan riɗin har na fara ganin fararen ƙwayoyi. Ustaz ya gani shi ma, ya sunkuya ya ci gaba da yanka.

Washegari da hantsi muka ji ƙarar mota. Wata tsohuwar bokis ce mai buɗaɗɗen baya ta tsaya a bakin gona, mutane suka yi ta sauka, 'ya'yan Shugaba ne da ƙannensa da duk wani namijin gidansa da zai iya sunkuyawa, kowa da lauje. Shi ya sauko a ƙarshe, ya naɗe jallabiya ya soke a wando.

Ustaz ya miƙe da ƙyar, hannu a baya. Ya ce, "Ɗan kawu, wa ya ba da izinin wannan?"

"Motata ce, 'ya'yana ne, bayana ne. Nemo mini inda dastur ya hana."

"Ba ni da abin biyan mutum ko ɗaya a cikinsu."

"Wa ya ce biya za ka yi? Ni na zo biya. Dabarar tirelar nan tun ranar da ka zo a kan jaki na san ta. Na zauna a kanta ina jin daɗin fuskarka. Kwanakin nan naka ne na ci, su na kawo maka."

Ustaz ya juya ya nuna da laujensa. Sannan ya ce, "To ka fara daga can gefen, ya fi nuna. Kuma ka yanka ƙasa-ƙasa, ba irin aikin shugabanni ba."

Shugaba bai tsaya a inuwa yana nuni ba. Ya shiga layi tare da yaransa, dogon mutum a sunkuye, in ya miƙe sai ka ji ƙashinsa yana salati. Ustaz yana bayansa yana ɗaure dami yana gyara masa aiki da babbar murya. Kwanaki muka yi a haka, muna sallah a bakin gona, muna cin asida da hannaye masu ƙanshin riɗi. Abin da ya zube ya zube, amma kaɗan ne, mafi yawa ya shiga dami.

Ranar da aka jingine damin ƙarshe, Shugaba ya zube a gindinsa ya miƙe ƙafafu, ya ce ko za a ba shi Gadarif duka ba zai iya tashi ba. Ustaz ya je bukka da kansa ya dafa jabana, ya kawo, ya durƙusa da ciwon bayansa ya zuba masa finjali na farko.

Shugaba ya karɓa, ya ce, "Bawana, saura nawa?"

Ustaz ya dubi jerin dammunan har ƙarshen gona. Ya ce, "Kalas, ɗan kawu. Ka biya. Sha kafin ya huce."